Bahago da Zugun Tsayar da Rana

A unguwar Obitara, cikin tsohon garin Agadas, ko wanda bai san fuskar Bahago ba ya san muryarsa. Dogo ne siriri mai ɗan gemu a haɓa, kuma babu sana'ar da bai taɓa ba. Ya yi jagoran baƙi masu yawon buɗe ido, har ya ɓatar da wasu Turawa a bayan kasuwar raƙuma ya ce musu nan ne tsakiyar hamadar Tenere. Ya je haƙar zinariya a Jado, ya dawo da tari da labarai. Ya buɗe bitik na gyaran portabul, wato wayar hannu, duk wadda ta shiga hannunsa ba ta ƙara magana ba. Amma in ya zauna a fada, majalisar hirar abokai, ana dafa shayi, sai ka rantse garin bai taɓa haifar gwani irinsa ba.

Wata rana matarsa Souwaiba, wadda ke riƙe da gidan da sana'ar yawur mai sanyi, wato kindirmon leda, ta sa shi kwashe tarkacen ɗakin ajiya. A ƙarƙashin tsofaffin buhuna ya ci karo da kayan saƙar kakansa, ƙoshiya da allira da matsefi, duk yanar gizo ta lulluɓe su. Ya kwaso ya kai wa Gwaggo Kadidia, ƙanwar ubansa, tsohuwar da ke zaune tare da su, wadda ba ta ji sosai amma ba ta taɓa rasa magana ba.

Gwaggo ta jujjuya ƙoshiyar a hannu, ta ce ai masaƙan zamanin da suna da wata waƙa. In suna saƙa suna rera ta, zugun da ya fito ba irin na kowa ba ne, domin duk abin da aka rufe da shi kwana ba ya taɓa shi. Wai madugan ayarin gishiri kan rufe nama da shi, su je Bilma su dawo su tarar da shi kamar yanzu aka yanka. Ta ƙara da cewa ita dai ba ta taɓa gani da idonta ba, kuma bargo kawai ta san kakan nasa yana saƙawa, shi ma mai ƙaiƙayi. Wannan ƙarshen maganar Bahago bai ji shi ba, don ya riga ya ruga ɗaki neman portabul.

Ya zaunar da ita a tsakar gida, ya danna ɗaukar murya, ta fara rerawa. Tana cikin yi ta ji ƙauri daga madafa, ta yi wa Souwaiba magana ba tare da ta sauya murya ba. Can kuma akuyarsu ta dame ta da kuka, ta sake yin haka. Ga abin da portabul ta ɗauka:

*Ƙoshiya je ki dawo,*
*Jiya na bakin ƙofa.*
*Zare miƙe, rana zauna,*
*Gobe ki jira a waje.*
*A sauke tukunyar nan, tana ƙonewa.*
*Hantsi kar ka tsufa,*
*La'asar ja ƙafarki.*
*A kwance akuyar nan, kukanta ya ishe ni.*
*Abin da zugu ya rufe,*
*Kwana ba ya ganinsa.*

Bahago ya haddace ta tsaf, har da tukunya har da akuya. Da Souwaiba ta ji yana yi, ta gaya masa cewa waɗannan layuka biyu da ita ake, ba cikin waƙar suke ba.

Ya dube ta cikin tausayi ya ce, "Ke asirin masaƙa kika sani? Mutanen zamanin da ai ba su faɗin abu a fili. Tukunya rana ce. Akuya kuwa gaggawa ce."

"To ni miyata ce ta ƙone, Malam."

"Wannan daban ne."

Gidansu ba shi da tsawon da zai ɗauki zare, don haka ya kafa masaƙarsa a lungu. Ya miƙa zaren tun daga ƙofar gidansa har kusa da famfon unguwa, ya ɗaure shi a kunkuru, wato ɗan katakon nan da ake jibga wa duwatsu don zare ya miƙe. Lungun kuwa in jaki biyu suka haɗu a ciki sai ɗaya ya koma da baya. Mata masu ɗebo ruwa suka riƙa tsallake zare da bokiti a ka. Wani mai kabu-kabu na babur ya shigo a guje, ya tsinci kansa zaune a ƙasa moto na can gaba ita kaɗai. Bahago bai ko ɗaga kai ba, ya ce masa ya yi haƙuri, wai zaren nan jiya ce, shi ya bi ta cikinta ba da izini ba.

Tun da hantsi yake fara waƙa, yana jefa ƙoshiya da hagu. Rabin jifa ƙoshiyar takan wuce zare ta faɗa gidan maƙwabta, sai an jefo masa ita ta kan katanga tare da baƙar magana. Zugun da ke fitowa kuwa wani wuri kamar tabarma, wani wuri kamar komar kamun kifi. Da aka tambaye shi dalili ya ce ai lokaci ma haka yake, wata rana kauri, wata rana shara-shara.

Da ya sami ɗan tsawo sai ya fara gwaji da agogon bangon ɗakinsu. Ya naɗe shi, ya rera waƙar, sannan ya fizge zugun da ƙarfi irin na masu dabo. Batir ya yi tsalle ya faɗa bayan randa, agogo ya tsaya cak. Bahago ya rungume shi ya nufi fada ba takalmi. Abokai suka karɓa suna juyawa, wani ya leƙa bayansa ya ce ai babu batir a ciki.

Bahago ya ce, "Me zai yi da batir tun da lokaci ya tsaya? Zugun ne ya gane haka ya haɗiye shi."

Aka yi ta dariya har shayi ya yi ambaliya a kan gawayi. Shi kuwa ya ɗauka murna ake taya shi.

Ba a jima ba aka ɗauke kuran, wato wutar lantarki, a tsakiyar zafi, firigon Souwaiba ya yi shiru da yawur maƙil a ciki. Ta ɗauki mayafi ta fita neman gidan da ke da wutar rana don ta kai ajiya. Tana fita Bahago ya kwashe ledojin yawur duka, ya naɗe su a zugu, ya hau da su kan soro ya shimfiɗa a tsakiyar rana, wai don duniya ta shaida zugunsa ba ya tsoron zafi. Souwaiba ta dawo ta tarar da firigo wayam, ta duba ko'ina, ta yi zaton ɓarayi ne. Shi kuma ya kama bakinsa, yana so ya ba ta mamaki.

Washegari da azahar aka fara jin fam, fam, daga sama. Tsofaffin da ke hutawa a inuwa suka miƙe suna tambayar inda ake harbi. Sai ga wani farin abu yana tsiyayowa ta indararo, da wari mai sa kaza ta juya baya. Souwaiba ta hau soron ta tarar da yawur ɗinta duk ya fashe a cikin zugu. Bahago ya tsuguna ya lakato, ya sansana, fuskarsa ta washe.

Ya ce, "Souwaiba, ya yi aiki. Da hagu na jefa ƙoshiya, shi ya sa maimakon lokaci ya tsaya sai ya ruga gaba. Wannan da kike gani yawur ɗin watan gobe ne."

Ta ce to shi ma tuwonsa na yau sai watan gobe. Kuma ta cika alkawari, a ranar nan da ruwan randa kawai ya kwana.

Yunwa ba ta rage masa komai ba. Ya bi fada-fada yana shelar cewa yanzu ya mallaki abin da ya fi na kakanni, zugun da ke gaggauta lokaci. Mai son dabinonsa ya nuna, mai son ɗan raƙuminsa ya isa kasuwa, mai sanƙon da ya gaji da jiran gashi, kowa ya zo. Babu wanda ya zo, sai wani tsoho da ya tambaya ko za a iya rufe surukarsa ta gama ziyarar da ta kawo ta koma gida.

Ana haka sai ga Issouf, ƙanen Souwaiba, ya sauko daga Timia da buhunan lemun farkon kaka. Lemun bai gama nuna ba, duk kore ne, don haka ya jibge su a ɗakin ajiyar yayarsa mai sanyi, ya ce zai je Ingal ya dawo, kafin nan sun yi. Ya san halin mijin yayarsa, saboda haka da zai tafi ya ce masa cikin wasa, "Yaya, kar ka yi musu waƙa."

Bahago ya ce shi da lemun wani, me ya haɗa su.

Motar Issouf ba ta bar gari ba buhunan suka hau soro. Wannan karon Bahago ya ƙara fasaha: ya yayyafa musu ruwa, ya lulluɓe da baƙar leda don kada lokaci ya zurare ta ramukan zugun, sannan ya naɗe da zugun ya yi musu waƙa har sau ba adadi. Ya kulle ɗakin ajiya ya sa lakile a aljihu don kada Souwaiba ta leƙa.

Ƙudaje ne suka tona shi. Ranar da Issouf ya dawo, ƙudan Agadas kaf suna taro a kan soron. Aka yaye zugu, aka yaye leda, sai ga abu ya zama kamar kunu, ga furfura ta fito masa.

Issouf ya daɗe yana kallo. Wahalar lambu ce ta shekara guda kwance a gabansa. Ya ce, "Yaya, lemu na bar maka."

"Shi ne wannan. Ya nuna, ya ma wuce nuna. Lemun baɗi kake gani."

"To baɗin in ya zo ni me zan sayar?"

Bahago ya fara bayanin cewa a nan ne za a buƙaci zugu na biyu, mai mayar da lokaci baya. Souwaiba ta katse shi. Ta ce abu biyu ne, ko masaƙa ta bar gidan, ko ita ta bi ƙanenta Timia ta zauna a can har sai hankalinsa ya dawo, in yana da ranar dawowa. Ta fara ninke zannuwanta a gabansa don ya san ba wasa take ba. Gwaggo Kadidia da ba ta ji abin da ake faɗa ba ta tambaya ko waƙar za a sake yi.

A nan Bahago ya tsorata, don duk surutunsa ya san wa ke riƙe da shi. Ya roƙi a ba shi dama ta ƙarshe. Ya ce zai saƙa sabon zugu da hannun dama, na ainihi, mai tsayar da lokaci, in bai yi aiki a gaban jama'a ba shi da kansa zai hura wuta da ƙoshiyar. Souwaiba ta ce ta ji, amma zannuwanta a ninke za su zauna.

Da dama ya fi da hagu muni. Ƙoshiya ta fasa masa leɓe, ta kashe fitilar ƙofar maƙwabci. Duk da haka ya saƙa zugu mai tsawon gaske, ya ƙi yanka shi ko kaɗan, wai wanda ya yanka zugu ya yanka lokaci.

Damar da yake jira ta zo ranar ɗaurin auren Ramata, ɗiyar maƙwabcinsu Alhaji Ousmane. Alhaji ɗan kasuwa ne mai zafin rai, wanda ba a taɓa ganin haƙoransa ba, kuma ba ya son a sa shi jira. Dangin ango daga Cirozerin za su taho da waliyyi da goro, sai motarsu ta lalace a hanya. Aka yi azahar babu su, aka yi la'asar babu su. Alhaji ya miƙe a gaban baƙi ya rantse cewa in aka kira magariba ba su iso ba, to babu ɗaurin aure yau, gobe ma sai ya yi shawara. Daga cikin gida aka fara jiyo kukan uwar amarya.

Sai ga Bahago ya ratso taro da ƙunshin zugu a ka. Ya durƙusa ya gaida Alhaji, ya ce ya kwantar da hankalinsa, shi zai riƙe masa rana har baƙi su iso.

Alhaji ya ce, "Bahago, rana ta Allah ce."

"Ban ce ba tasa ba ce, Alhaji. Roƙonta zan yi ta ja ƙafa."

Liman ya miƙe ya ce bari ya je ya sabunta alwala, don ba ya son a ce yana wurin. Samarin da zaman jira ya gundura suka ce a bar shi ya yi. Alhaji ya ce ya yi abin da ya ga dama, muddin bai matsa kusa da abinci ba.

Samari suka kama masa. Aka ja zugu daga indararo zuwa sandar rumfa, daga sandar rumfa zuwa ƙyauren zaure, aka dawo aka sake kewayawa, har filin ya zama kamar an yi shanya. Bakin zugun ya ƙare daidai turken da aka ɗaure wata baƙar akuya, gudummawar da wata gwaggon amarya ta kawo, Bahago ya ƙulla shi gam a jikin igiyar akuyar. Ɗaya bakin kuma ya shiga bayan katanga da shi, ya tuɓe riga da wando, ya nannaɗe jikinsa tun daga hammata har gwiwa, domin wai dole masaƙi ya zama ɗaya da saƙarsa. Ya fito yana tafiya kamar kaza mai dabaibayi. Aka kifa masa turmi, aka ɗaga shi aka ɗora a kai, ya karɓi mikro daga hannun mai sono, wato mai kayan sautin biki, ya rufe ido ya fuskanci yamma.

Murya ta cika unguwa. Ƙoshiya ta je ta dawo, rana aka ce ta zauna, gobe aka ce ta jira a waje. Samari suna amsawa suna tafi. Sai ya iso layi na biyar da dukkan ƙarfinsa, aka ji daga lasifika cewa a sauke tukunyar nan, tana ƙonewa.

A cikin gida mata suna kan dafa shinkafar biki a manyan tukwane. Da suka ji sanarwa daga wajen maza, suka ɗauka umarnin Alhaji ne, suka yi rububin sauke tukwane da tsumma, shinkafa ko laushi ba ta fara ba. Babbar mai girkin ta fito da ludayi a hannu tana tambayar wane marar kunya ne ya ce girkinta ya ƙone, ya fito ya maimaita a gabanta.

Bahago ido a rufe, bai san ana yi ba. Ya roƙi hantsi, ya roƙi la'asar, sannan ya ce a kwance akuyar nan, kukanta ya ishe shi. Wani tsohon kawun amarya da ke zaune kusa da turke, wanda shi ma kukan ya daɗe da isarsa, ya ce wallahi gaskiya ne, ya miƙa hannu ya zare igiyar daga turke. Daidai nan lasifika ta yi wata ƙara mai tsinka kunne. Akuya ta zabura ta yi waje, da igiya da zugu a bayanta.

Zugu ya miƙe ya fara shara. Ya tsige rawanin wani baƙo, ya kwashe faranti da kofunan shayi, ya fizge sandar rumfa, rumfa ta rufto kan dattawa. Masu kujeru suka bi juna suna kifewa. Sannan jan ya iso inda Bahago yake. Ya fara juyawa a kan turmi a hankali, sai da sauri, sai kamar mazari a hannun gwanar kaɗi, zugu na warwarewa daga jikinsa. Bai saki mikro ba, don haka har mutanen da ke gindin hasumiyar babban masallaci sai da suka ji yana cewa, "A kamo akuyar nan! A mayar da ita!"

Naɗin ƙarshe ya fita, turmi ya goce, Bahago ya tafi da baya ya faɗa cikin babbar robar bisap, wato zoɓo, da aka jiƙa wa baƙi. Ya miƙe jajir, yana tangaɗi, ba komai a jikinsa sai gajeren wandon da aka ɗinka masa da buhun shinkafa, da hoton giwa shimfiɗe a mazaunansa. Mata suka rufe fuska da mayafi suna leƙe ta gefe.

Ita kuwa akuya ta fita lungu ta tsallake titi, zugu ya gitta hanya daidai lokacin da dangin ango, waɗanda suka bar motarsu suka hau kabu-kabu, suke karyo kwana. Na gaba, wanda ya ɗauko waliyyin ango, ya yi ciki da zugun. Suka zube a yashi, huhun goro ya fashe, yara suka yi caa a kai. Jim kaɗan sai ga dattijon ya shigo fili, hula a karkace, zugu naɗe a wuyansa, yana jaye da baƙar akuya, yana tambayar ko haka ake tarbar baƙi a Agadas.

Alhaji Ousmane ya rarrafo daga ƙarƙashin rumfa. Ya dubi dattijon, ya dubi akuya, ya dubi giwar da ke bayan Bahago. Kafaɗunsa suka fara rawa. Mutanen da suka shekara da shekaru tare da shi ranar suka fara ganin haƙoransa, har sai da ya zauna a ƙasa yana share hawaye. Aka tsinto goron da aka iya ƙwatowa daga hannun yara, aka kirawo liman, aka ɗaura aure rana na dab da faɗuwa. Tukwane suka koma kan wuta, babbar mai girki na ta harara.

Souwaiba ta ratso taro ta lulluɓa wa mijinta mayafinta, ta tasa shi gaba suka nufi gida, Issouf na biye da su da zugu a kafaɗa, yana cewa wannan dai igiyar ɗaurin buhu ya samu. Bisap na ɗiga daga gemun Bahago. Da suka wuce famfo sai ya gyara murya.

"Amma ki faɗi tsakaninki da Allah, an ɗaura auren kafin magariba ko ba a ɗaura ba?"

Souwaiba ta kasa riƙe dariyar da take ta dannewa tun a can. Ta jingina da katanga ta yi mai isarta, sannan ta ce, "Malam, in dai da gaske kana da zugun da ke mayar da lokaci baya, ka saƙa mini ɗaya. Ina so in koma ranar da ka zo gaida babana, in ce masa ba na gida."

Bahago ya tsaya a tsakiyar lungu, ya ƙirga wani abu da yatsu, ya girgiza kai.

Ya ce, "Wannan zai ci zare da yawa. Fari kike so ko baƙi?"